Baby Peggy: Yarinyar da Ta Ci da Gidansu, Ta Tashi Hannu Rabbana

 

Wataƙila kin taɓa jin manya suna ba da labarin majigi, yadda ake kafa farin ƙyalle a ƙofar fada a haska hoto, wani yana bayani da lasifika. To, farkon fim ma haka ya taso, hoto ne mai motsi amma babu murya. Sai a 1927 fim mai magana ya fara kankama. A wancan zamani ne aka yi wata yarinya a Amurka da ake kira Baby Peggy.

An haife ta a 1918. Tana da wata 19 kacal uwarta ta shiga da ita kamfanin fim na Century a Hollywood. Mai ba da umarni ya ga yarinya mai jin magana, in an ce zauna ta zauna, sai ya ɗauke ta. Tunda fim ɗin ba murya, fuskarta kawai ake buƙata. Ubanta yana gefe, ya ce yi kuka ta yi, ya ce yi dariya ta yi.

Daga 1921 zuwa 1924 ta fito a gajerun finafinai kusan 150. Aiki take awa 8 a rana, kwana 6 a mako. A wani fim na 1923 har ɗaki mai cin wuta aka sa ta ciki. A shekarar ne aka ƙulla mata kwangilar dala miliyan ɗaya da rabi, ba ta wuce shekara 5 ba.

To ina kuɗin? Ba a ajiye mata ko kwabo ba. Iyaye suka sayi gida da motoci, wani na cikin dangi kuma ya gudu da kaso mai yawa. A 1925 uban ya ɓata da mai shirya fim, ƙofofi suka rufe. Aka koma yawo da ita gari-gari tana wasa a dandali, ga shi ba ta samu zaman makaranta ba. Da ta zama budurwa, 'yan daloli kaɗan take samu a rana. Daga baya ta koma amsa sunan Diana Serra Cary, ta rubuta littattafai a kan wahalar yaran fim, ta rasu a 2020 tana da shekara 101. Irin wannan ne ya sa jihar Kalifoniya ta kafa doka a 1939, cewa dole a ware wa yaro wani kaso na abin da ya samu.

Uwargida, kada ki ce wannan labarin Turawa ne. Ke da ba ki fita, 'yarki ce ƙafarki. Ita ke ɗaukar ƙuli-ƙuli da ƙosai da dafaffiyar gyaɗa. Mukan ce ribar ta kayan ɗakinta ce, amma sau nawa take ƙarewa a cefane da anko da biki?

Ba laifinki nake gani ba, kowa ya san halin da ake ciki. Amma ki ware mata rabonta kullum, ko a asusu ko a adashe da sunanta, kada a taɓa. Kada talla ta ci lokacin Islamiyya da boko. Ta dawo gida kafin magariba. In ta dawo kuma, kafin ki ƙirga ciniki, ki fara tambayar ta ina ta bi, wa ya tare ta.

Yaro amana ne, kuma guminsa ma amana ne. Allah ya shirya mana zuri'a.