Injin Feshin Fenti Marar Iska Da Sharuɗɗan Riƙonsa

Ka sani, ya kai mai karatu, tun da aka kafa Jami'ar Ahmadu Bello a Samaru cikin 1962 gari bai daina faɗi ba, har Hayin Dogo da Palladan da Basawa suka cika da gidajen haya. Mai gida mai ɗaki ashirin yakan so a shafe su duka da fenti cikin 'yan kwanaki, kafin ɗalibai su komo daga hutu, ko kuwa gabanin Salla. Buroshi da rola ba su iya wannan gaggawa. Saboda haka ne waɗansu masu fenti, waɗanda ke sayen kayan aiki a shagunan Sabon Gari, suka karkata ga injin feshi marar iska, wanda kan gama ɗaki tun mai rola bai gama bango guda ba.

Wajibi ne a fara rarrabe shi da bindigar masu fentin mota. Ita waccan iska ce daga kwamfaresa ta ke kwasar fenti ta watsa shi. Shi kuwa wannan babu iska a cikin aikinsa ko kaɗan. Famfo ne ya ke zuƙo fenti daga bokiti, ya matsa shi cikin tiyo da ƙarfin da ya kai laba 3,000 a kan kowane inci murabba'i, watau kusan ninki ɗari na iskar tayar ƙaramar mota, sa'an nan ya tilasta masa fita ta wata 'yar kafa a bakin bindiga, ya tarwatse kamar hazo. Kamfanin Graco na Amurka, wanda aka kafa a 1926, ya fito da irinsa a ƙarshen shekarun 1950, kamfanin Wagner na Jamus kuma ya shahara da ƙera shi.

Asirin injin duka yana cikin wannan kafa. Akan rubuta lamba a jikin bakin, misali 517. Idan aka ninka 5 sau biyu, an sami faɗin feshi, inci 10, ga wanda ya tsaya inci 12 daga bango. Ita kuwa 17 faɗin kafar ce, kashi 17 cikin 1,000 na inci, bai kai rabin milimita ba. Duk wanda ya taɓa feƙe alƙalami ya san tsagarsa ba ta jure gudajin tawada, balle wannan. To, ga shi kuwa Zariya gari ne na ƙura, musamman daga Disamba zuwa Fabrairu sa'ad da hunturu ya kankama. Bokitin da aka bari a buɗe rabin yini ya riga ya sha ƙasa, fatar da fenti kan yi a sama kuma ta faɗa ciki. Tilas a tace fenti da rariya ko tsumma mai laushi kafin a tsoma tiyo, a rufe bokitin, ruwan sirki kuma idan na rijiya ne a bar shi ya kwanta tukuna. Fentin nan mai yashi da a ke yi wa bangon waje bai halatta ga ƙaramin inji ba sam, gama yashin yana cin famfo kamar yadda dutsen niƙa ke cin hatsi. Haka kuma doguwar wayar lantarki siririya, ko janareta marar ƙarfi, sukan sa motar injin ta yi zafi ta ƙone.

Hannu kuwa ba ya ɗaukar dogon koyo. A riƙe bindiga daidai da bango, a tafi da dantse duka, ba wuyan hannu ba, a fara tafiya kafin a ja kunama, kowane layi ya hau rabin na baya. Ranar da iska ke kaɗawa a haƙura da aikin waje, domin feshin yakan sauka a kan motar maƙwabci da shanyar matansa, ribar yini ta tafi wajen biyan diyya.

Inda akasari a ke yin hasara shi ne bayan an tashi aiki. Maigida ya gaji, magariba ta gabato, sai ya ce wa yaronsa a bari sai gobe. Kafin gobe fenti ya daskare a cikin famfo da tiyo, 'yan ƙwallayen ƙarfe da ke buɗewa da rufewa a ciki sun manne, da safe inji ya yi ta ƙugi ba ya zuƙo kome. Kayan gyaransa kuwa daga ƙetare a ke kawo su, ba kamar na babur ba ne da za a samu a kowace rumfa. Hukuncin wankin a bayyane ya ke. Idan fenti mai ruwa aka fesa, a zagaya da ruwa mai tsabta ta cikin injin har ya fito garau. Idan mai mai ne, sai da tina. A kwance matatar famfo da ta cikin mariƙin bindiga a wanke su dabam, a goge bakin da buroshi mai laushi. Kada a tsokane kafar da allura ko waya, gama da zarar ta buɗe sai feshi ya tsuke, fenti ya riƙa zuba da yawa a tsakiya, galan ya ƙare da wuri, mai fenti yana zargin mai shago alhali bakin bindigarsa ne ya cinye. Ba a kuma ajiye inji kwana da kwanaki da ruwa a cikinsa, saboda tsatsa. Akwai ruwan ajiya na musamman da a ke cika shi da shi, akwai kuma man da a ke ɗiga wa sandar famfo kowace safiya. Fetur kuwa, wanda waɗansu ke wanki da shi don araha, ganganci ne, domin tartsatsi ɗaya ya isa.

Sauran magana ita ce mafi nauyi. Idan baki ya toshe, ɗabi'ar ɗan Adam ce ya kai yatsa ya share. A wannan inji yin haka na iya raba mutum da yatsan. Ƙarfin laba 100 ya isa huda fata, a nan kuwa ana maganar dubbai ne. Fenti yakan shiga ta rami kamar tsinin allura, ya bi jijiyoyi har tafin hannu, da fari babu zafi sosai, babu jini, sai yaro ya ɗaure da tsumma ya ci gaba da aiki. Bayan awoyi hannu ya kumbura, nama ya fara mutuwa, fenti mai mai da tina kuwa sun fi muni. Masu ƙera injin sun yi bakin yadda za a juya shi baya, a ja kunama sau ɗaya cikin bokiti, abin da ya toshe ya fita ba tare da an taɓa ba. Kashe inji ma bai isa ba, domin matsin yana nan a tiyo. Sai an kashe, an rage matsi zuwa ƙasa, an ja kunama cikin bokiti, an buɗe makunnin da ke mai da fenti baya, an sa wa kunama sakata, sa'an nan a kwance wani abu.

Wanda tsautsayi ya afka masa kada a tsaya da shi a kemis, kada a matse wurin, kada a wanke da tina. A ɗauke shi nan take zuwa inda akwai likitan fiɗa, kamar Asibitin Koyarwa na Shika, wanda ba shi da nisa da Samaru. Likitoci sun fi son a buɗe wurin a wanke cikin awa 6. A tafi da gwangwanin fentin, a kuma gaya musu a fili cewa injin matsi ne ya harba shi a cikin nama, domin ramin a ido bai fi cizon sauro ba.