Baba Jimi Mai Tatsuniyar Talabijin

Yau labarin wani tsoho na kawo muku, wanda da yawa cikinku kun san fuskarsa, ko da sunansa ya kwanta muku. Shi ne Jimi Solanke, Bayarabe, mutumin Ipara Remo ta Jihar Ogun. An haife shi a 1942, ya rasu ran 5 ga Fabrairu 2024, yana da shekara 81.

Asalinsa ɗan wasan kwaikwayo ne kuma mawaƙi. A Ibadan ya koyi sana'ar, ya yi aiki tare da Wole Soyinka, kāna ya zauna Amurka yana zaga makarantu yana yi wa yara tatsuniyoyin Afirka. Amma abin da ya kai shi har tsakar gidajenmu shi ne shirinsa na NTA mai suna Storyland.

Ku da kuka gani kun tuna. Ga shi zaune, dogo, da murya kamar ganga, yara sun kewaye shi. In labari ya zo wurin waƙa sai ya rera, yara su amsa. Da Turanci yake yi, yawancinmu kuwa a lokacin Turancin bai zauna mana ba, talabijin ɗin ma na maƙwabta ne, sai an yi sa'ar wuta. Duk da haka ba mu tashi sai an gama. Gama Kunkurun Yarabawa ɗan'uwan Gizonmu ne: ga wayo, ga haɗama, ga shan kunya daga ƙarshe. Yaro ba ya bukatar tafinta kafin ya gane shi.

Na daɗe ina tunanin abin da ya sa ya shiga ran yara haka. A ganina, bai zo da wani sabon abu ba. Abin da kakanninmu ke yi bayan sallar lisha shi ya ɗauka, watau a zauna ƙasa, a dubi yaro ido da ido, a bar shi ya sa baki. Sai dai su kakanninmu ba su yarda a yi tatsuniya da rana ba, wai mai yi ɓata zai yi. Talabijin dai bai san wannan doka ba!

To, yanzu fa? Kwanan baya na ce wa wata jikata, "Ga ta nan, ga ta nanku." Sai ta dube ni, ta koma kan wayar uwarta. Ba ta ƙi ni ba ne, amsar ce ba ta sani ba, don ba wanda ya taɓa koya mata. Na ce mata ana cewa, "Ta zo mu ji ta." Ta faɗa, tana dariya. A daren nan sai da na yi mata Gizo da Ƙoƙi sau uku, har tuwona ya huce.