Dutsen nan mai kama da ƙahon rago, halittar teku ce mai sunan Nijar

A makon jiya wani makiyayi da ya dawo daga wajen Tanut ya turo mana hoton wani dutse ta WhatsApp. Dutsen a naɗe yake kamar ƙahon rago, yana tambaya ko hannun mutum ne ya sassaƙa shi. To malam, ba sassaƙa ba ce. Kwanson wata halittar teku ce da masana ke kira amonit, wadda ta ƙare a duniya shekara miliyan 66 da suka wuce.

Teku a Damargu? Ƙwarai kuwa. Kimanin shekara miliyan 95 baya, ruwan teku ya ratsa inda Sahara take yau, ya bi ta ƙasarmu har ya haɗu da na kudu ta kwarin Binuwai. Da ruwan ya janye, laka ta daskare ta zama dutse, abin da ya mutu a ciki ya zauna nan.

Cikin ire-iren amonit akwai wanda ya ci sunan ƙasarmu, wato Nigericeras. Ma'anarsa ƙahon Nijar, don "ceras" ƙaho ne da harshen Girka. Wani Bafaranshe, René Chudeau, shi ya bayyana irin waɗannan duwatsu na Damargu a 1909, sannan a 1943 Daniel Schneegans ya ware su ya raɗa musu wannan suna.

Yadda mu ke bin dangi daga kaka zuwa jika, haka masana ke jera halittu. Nigericeras na cikin babban gidan halittu masu taushin jiki, inda katantanwa take. Amma kar kamannin kwanso ya ruɗe ku, danginsa na kusa su ne halittun teku masu hannuwa a kai. Daga nan sai rukunin amonit. A kan zuri'a kuma aka rabu: wasu sun sa shi cikin Vascoceratidae, wasu cikin Acanthoceratidae. Sunayen da karya harshe, na sani, amma dalilin gardamar yana jikin kwanson, kuma da idonku za ku iya ganinsa.

Halittar tana girma tana ƙara naɗi, saboda haka naɗin tsakiya shi ne yarintarta, na waje shi ne tsufanta. In ka duba naɗin ciki na Nigericeras, za ka ga layuka masu tudu kamar haƙarƙari, da ƙananan ƙullutai a jere: wasu kusa da cibiya, wasu a kafaɗa, wasu a kan gadon baya. Wannan ado irin na gidan Acanthoceras ne. Amma da ya manyanta sai ƙullutan su dushe, haƙarƙarin ya kwanta, bayan ya zama kewayayye sumul, irin na gidan Vascoceras. Kun ga ke nan, yana yaro ya yi kama da wannan gida, ya girma ya ɗauko kamannin wancan. Ni dai a ganina duka ɓangarorin biyu suna da hujja.

Akwai kuma zane mai lanƙwasa da ke fitowa a jikin dutsen kamar ɗinki. Cikin kwanson ɗaki-ɗaki ne, da bango tsakani. Halittar na zaune a ɗakin ƙarshe na baki, sauran ɗakunan kuma, da wani siririn bututu da ya ratsa su, suna taimaka mata ta tsaya cikin ruwa ba ta nutse ba. Inda kowane bango ya taɓa kwanson waje, nan zanen yake. Na wasu amonit ya yi rassa kamar ganye, na Nigericeras kuwa bai cika rassa ba.

Ba a Damargu kaɗai yake ba. An same shi a Ashaka ta jihar Gombe, inda ake haƙar dutsen siminti, har ma a Kolorado ta Amurka. Da yake bai daɗe a duniya ba, duk shimfiɗar dutsen da aka gan shi ciki an san shekarunta, abin da ke taimakon masu zana taswirar ƙarƙashin ƙasa.

Shi ya sa mu ke roƙo, wanda ya tsinci irinsa kar ya fasa shi don neman wani abu a ciki, laka ce kawai da ta daskare. Kar kuma a goge shi don ya yi sheƙi, ƙullutan da ake gane shi da su ne za su tafi. A riƙe sunan wurin da aka ɗauko shi, ko tudu ne ko bakin rijiya, a ɗauki hoto ta gefe da ta baya, a ajiye ashana kusa da shi don a ga girmansa. Mai hoton farko, naka gefe ɗaya kawai ya nuna, muna jiran na bayan.