Ɗaukar Hoton Faifai a Tsofaffin Kwamfutoci: Misali daga Bakin Tafkin Kainji

Tun da aka kammala madatsar ruwa ta Kainji a 1968, ruwa ya cinye garuruwa da tsibirai a ƙasar Yawuri da Ngaski, aka sake wa jama'a matsuguni. A shekarun 1990 wani aikin haɗin gwiwa na Nijeriya da Jamus ya riƙa ƙidayar masunta da kwale-kwale da komaye a ƙauyukan bakin tafkin. Kwamfutocin wancan zamani kuwa da faifai mai laushi ake adana aikinsu, kuma irin wannan faifai ba ya jure zafi da laima. Fumfuna na kama shi, maganaɗisunsa na raunana. Kamfanin Sony ma ya daina ƙera shi a 2011.

Abin da muke nufi da hoton faifai shi ne a kwashe dukkan abin da ke kansa, yanki bayan yanki, a zuba cikin fayil guda, ba a tsinci fayiloli ɗai-ɗai ba. Faifai mai inci 3.5 da ke ɗaukar megabait 1.44 yana da yanki 2,880, kowanne bait 512. Idan aka kwashe su duka, har abin da aka goge amma ba a rubuta wani a kansa ba yakan biyo.

A nan ne tsohuwar kwamfuta take da rana. Babban faifai mai inci 5.25 ba shi da mazauni a injinan yau, sai an nemo na da. Amma muna jan hankali game da umarnin DISKCOPY na MS-DOS: yana kwafe faifai ne zuwa wani faifai irinsa, watau an ɗauke kaya daga ɗaki mai yoyo an kai wani mai yoyo. Ghost, wadda kamfanin Symantec ya saya a 1998, ta fi dacewa da faifan cikin inji, domin tana mayar da shi fayil. Ga faifan da ya soma lalacewa mun fi amincewa da ddrescue, saboda tana fara kwashe lafiyayyun yankuna, sa'an nan ta komo kan masu gardama.

Sharaɗi ɗaya ba ma sassautawa: a kulle faifai kafin a sa shi cikin inji. A ƙaramin, a buɗe 'yar tagar da ke kusurwa. A babban, a liƙe tsagar da ke gefe. Wani faifan karatu ɗaya ya rage masa, saboda haka na farkon shi ne na ɗaukar hoto.