Saɓanin Masana a Kan Ƙanƙanin Hasken Nukiliya

Ya ku masu karatu, ku sani akwai wani ɓoyayyen haske wanda ido ba ya riskarsa, amma yana ratsa jiki. Shi ke fita daga bam na nukiliya, kuma da irinsa ake ɗaukar hoton ƙirji a asibiti. A 1960, da Faransa ta gwada bam a Reggane cikin hamadar Aljeriya, mutanenmu sun yi fargabar hunturu ya kawo mana ƙurarsa. Tambayarsu ita ce: shin kaɗan ɗinsa yana cutarwa?

Ma'auninsa ana ce masa milisibat. Galibi mutum yana samun kimanin 2.4 a shekara daga ƙasa da iska da abinci da sararin sama. Hoton ƙirji ɗaya kuwa bai wuce 0.1 ba. Masana sun yi ittifaƙi cewa mai yawansa yana jawo ciwon daji, hujjarsu kuwa mutanen Hiroshima da Nagasaki da aka jefa wa bam a 1945. Saɓani ya auku ne a kan abin da ya gaza 100.

Jama'a ta farko, bisa ƙaulin Hermann Muller a 1946, suka ce babu miƙidarin da ya kuɓuta daga cuta. Ita cutar raguwa take yi gwargwadon raguwar hasken. Jama'a ta biyu suka ce jiki yana gyara ƙaramar ɓarna da kansa. Suka kafa hujja da Kerala a Indiya, inda yashi ke fitar da hasken fiye da galibin wurare, amma ba a ga ƙarin ciwon a fili ba. A 2005 majalisar masanan Amurka ta ƙarfafa ƙauli na farko, ta Faransa kuwa ta karkata ga na biyu.

Dalilin daɗewar jayayyar shi ne ciwon daji dama yana da yawa, gano ɗan ƙari a cikinsa kamar gano tafin gero ne da aka zuba a rumbu. Sai dai a 2023, binciken ma'aikatan nukiliya fiye da 300,000 a Faransa da Ingila da Amurka ya rinjayar da ƙauli na farko, wanda dama a kansa aka gina dokokin tsaro.

Saboda haka, in likita ya umarci hoto kada a ƙi, domin amfaninsa ya rinjayi haɗarinsa. Kada kuma a nace masa ba da lalura ba. Wallahu a'alamu.