Mu Bar Kaɗanya A Gona

Manoman Dangoma da kewayen Kalgo da Gwandu sun san kaɗanya ta yi ƙaranci a gonakinmu. Wanda ya bi hanyar Yawuri ko Zuru zai ga ta fi yawa can kudu, inda ruwan sama ya fi. Amma har da gatari a cikin abin da ya rage ta. Itacenta yana da ƙarfi, masu sassaƙa turmi suna sonsa, masu gawayi kuwa sun fi kowa.

Ya kamata mu gane kaɗanya ba ta sauri. Takan yi shekara 15 zuwa 20 kafin ta fara 'ya'ya, ba ta cika ƙarfi sai wajen shekara 40, tana kuwa iya rayuwa shekara 200. Watau wanda ya sare guda domin 'yan buhunan gawayi ya cinye rabon jikokinsa. Mata ne ke fara jin hasarar, gama su ke tsintar ƙwara da farkon damina, su dafa, su shanya, su fitar da man kaɗe na miya da shafawa da sabulu. Taɓo kuma yakan nuna daidai lokacin da rumbu ya yi ƙasa. Ko a Littafi Mai Tsarki, Kubawar Shari'a 20:19, an hana sare itacen da ake cin 'ya'yansa, har a lokacin yaƙi.

Kasuwa ma tana nemanta. Turawa suna sa man kaɗe cikin cakulan da man shafawa. A watan Agusta 2025 Gwamnatin Tarayya ta hana fitar da ɗanyar ƙwara waje har wata shida, domin a sarrafa ta a gida.

To, me za mu yi? Mafi sauƙi shi ne mu bar ƙananan da suka tsiro da kansu. In muna sharar gona mu lura da su, mu kewaye su da ƙaya saboda awaki, mu nome ciyawar gindinsu kafin rani saboda gobarar daji. Mai son shukawa ya nemi sabuwar ƙwara, ya shuka cikin mako guda, gama in ta bushe ba ta tsirowa. Ya sa ta inda za ta zauna, domin saiwarta tana nutsawa ƙwarai, ba ta son dashe. Kada ya karaya in watanni sun wuce bai ga ganye ba; saiwa take fara yi.

Manyan kuwa, kauci ne abokin gabansu, tsuntsaye ke kai shi daga itace zuwa itace. A sare reshen da ya kama tun bai yaɗu ba.