Lissafin Kwanaki a Duniyar da Aka Ƙaga

Duk wanda ya karanta tarihi ya san babu wata al'umma da ta zauna ba ta da hanyar ƙidayar kwanaki. In kuwa ka duba kalandarta da kyau, za ka ga abin da ta ke girmamawa. Wani shaihun malami na Jami'ar Oksfod ta Ingila, J.R.R. Tolkien, ya lura da wannan. An haife shi a Afirka ta Kudu a 1892, ya rasu a 1973. Sa'ad da ya rubuta littafinsa na almara, The Lord of the Rings, wanda ya fito a 1954 da 1955, bai tsaya ga ƙaga ƙasashe da harsuna kaɗai ba, har kalanda ya ƙaga wa mutanen labarin, ya bayyana ta a ƙarshen littafi na uku. Mai karatu ya tuna duk wannan ƙage ne, amma lissafin da ke ciki na gaske ne.

A cikin labarin, waɗanda suka fara lissafin su ne wasu halittu da ya kira Eldar, waɗanda tsufa ba ya kashe su. Da ya ke kwanansu ya yi nisa, shekararmu ta yi musu gajarta, sai su ke ƙidaya da abin da su ke kira yen, watau shekara 144, ko kwana 52,596. Makonsu kwana 6 ne, kuma domin al'adun girmamawa aka yi shi, ba domin cin kasuwa ba. Sunayen ranakun su ne na Taurari, Rana, Wata, Itatuwa Biyu, Sama, sa'an nan ta ƙarshe, wadda ta fi duka, ranar Valar, manyan halittun da mahaliccin cikin labarin, Eru, ya ba kulawa da duniya. Kwanansu kuwa daga faɗuwar rana ya ke farawa, kamar yadda mu ke cewa daren Jumma'a alhali Bature yana cewa Alhamis ce.

Daga wurinsu mutanen wani tsibiri, Numenor, suka karɓi lissafin, amma suka gyara shi daidai da zamansu. Su matuƙan jiragen ruwa ne, saboda haka suka ƙara ranar Teku, mako ya zama kwana 7. Shekararsu wata 12 ce, 10 masu kwana 30, 2 masu kwana 31, da kwana 3 da ba su cikin kowane wata. In ka haɗa za ka sami 365.

Ibadarsu a kan wannan shekara ta rataya, kamar yadda aka bayyana a littafin Unfinished Tales, wanda ɗansa ya buga a 1980. Sau uku a shekara sarki kan hau wani dutse mai tsawo a tsakiyar tsibirin, Meneltarma, jama'a na biye da shi da fararen tufafi, kowa shiru. Farkon lokacin tsiro a yi roƙo domin shekara mai zuwa, tsakiyar lokacin zafi a yi yabo, ƙarshen kaka a yi godiya. Ba gini a kan dutsen, kuma ba mai magana sai sarki. Da girman kai ya shiga sarakunan baya, sai suka yi sakaci da hawan. Ƙarshen tsibirin, teku ta haɗiye shi.

To, kalandar ba ta nutse tare da su ba. Ta bi waɗanda suka tsira, ta yi ta yawo hannu zuwa hannu har ta kai ga wasu gajerun mutane, manoma, da a ke kira Hobit. Su kuma suka mai da kowane wata kwana 30, watau 360, sauran kwana 5 suka ware na biki: 2 a tsakiyar sanyi, ɗaya na rufe shekara ɗaya na buɗe ta, 3 a tsakiyar zafi. Dabararsu ita ce, ranar tsakiyar shekara ba ta da sunan rana ta mako. Cire 1 daga 365, saura 364, watau mako 52 cif. Saboda haka kowace shekara ran Asabar ta ke farawa, ta ƙare ran Jumma'a, kuma wanda aka haifa ran Talata, ranar haihuwarsa kullum Talata za ta riƙa faɗowa. Kwanan da a ke ƙarawa a shekara ta huɗu shi ma ba shi da sunan mako.

Amma ga abin lura. Hobit sun riƙe sunayen ranakun, sun manta ma'anarsu. Ranar Valar ta zama musu ranar hutu da cin abinci kurum. Haka abin ya ke a duniyar gaske. Bature yana kiran Laraba da Alhamis da sunayen allolin kakanninsa, Woden da Thor, ko da ya ke ya bar su tun da daɗewa. Mu ma yara nawa ne suka san Lahadi da Litinin da Talata daga ƙidayar Larabci ta ɗaya, biyu, uku suka fito?

Saboda haka, 'yan'uwa masu shirin koyarwa, kada mu tsaya ga sa yara su haddace sunayen watanni. A sa su lissafa dalilin da shekarar Hijira, mai kwana 354 ko 355, ta ke gaza ta Turawa da kamar kwana 11, har azumi ya zagaya bazara da damina da kaka da hunturu. A kuma ba su allo su ƙago tasu kalandar, kwanakin su cika 365, kowace rana su faɗi dalilin sunanta.